Sawun da Ke Bin Tsohuwar Iyaka

A shekarar da Gulbin Rima ya cika har ya ci gonakin fadama tsakanin Rabah da Goronyo, ni magidanci ne, ina noma, ina kuma rubuta wa mutane wasiƙu da ajami, ana ganin girmana. Gonata tana jikin ta wani tsoho masunci wanda wani kada ya taɓa cire wa babban yatsan ƙafar dama. Iyakarmu jerin gamba ce da kakanninmu sunka dasa. Tsohon ya rasu cikin wannan damina, ya bar ɗa guda. Da ruwa ya janye, laka ta binne gambar, sai na tono 'yan gindin da na samu na dasa su taki bakwai cikin gonar mamaci. Allah Ya yafe mini.

Ɗan ya kai ƙara wurin alƙali a Rabah. Anka aiko mutum biyu sunka duba, sunka ce ga gamba nan inda na ce, anka ba ni gaskiya. Bai yarda ba, ya ɗaukaka ƙara zuwa Wurno, anka sa mana rana bayan sati uku.

Cikin waɗannan kwanaki na fara ganin sawun. Kowace safiya in na iso gona, sai in tarar da sawun mutum guda cikin ɗanyar laka, ya miƙe sak bisa tsohuwar iyaka. Bai fito daga hanya ba, bai koma gulbi ba. Inda iyaka ta fara nan ya fara, inda ta ƙare nan ya ƙare. Ƙafar dama yatsu huɗu. Na share da fartanya, kashegari ya dawo. Matata ta tambaye ni mi ya hana ni cin tuwo, na ce zazzaɓi ne, ta ce wannan wane irin zazzaɓi ne da ke hana malami kallon ƙasa.

A Wurno alƙali ya saurare mu, ya ce shaidun Rabah sun ga gamba amma ba su ga wanda ya dasa ta ba. Ya ce in yi alwala in rantse bayan la'asar, ko kuwa mu fita mu sulhunta. Na tsuguna da buta, na wanke komai har na iso ƙafar dama, hannuna ya ƙi. Na tashi na sami ɗan a gindin bango, na ce masa ƙanena, ni na ɗaga gambar. Ya ce shi ma yana ganin sawun, shi ya hana shi haƙura, don ya ɗauka mahaifinsa ne ke tuhumarsa da sakaci.

Munka koma gaban alƙali, munka daidaita: in mayar da taki bakwai, shinkafar da na shuka a ciki mu raba biyu, shi kuma ya janye ƙara. Ni na rubuta takardar da hannuna, laifina a layin farko.

Ranar da munka je dasa gamba, bisa sawun munka haƙa, kuma a kowane rami mun tarar da tsohuwar saiwa da ranta. Kashegari laka ta kwana sumul. Ɗan ya riƙe hannuna ya ce ya yafe, har madadin mahaifinsa.

Kai da ke karanta wannan, in ruwa ya shafe iyaka tsakaninka da maraya, kada ka taɓa ƙasar sai ka kira shi. Alƙali na iya rasa shaida, amma ni na ga wanda ya dawo ya ba da ita.