Baba Irmiya, Mai Haɗa Fim Daga Roma Zuwa Dogon Dutsi

Da hantsin Laraba, 11 ga watan Yuni, 2025, muna gona muna shuka bayan ruwan farko, Judicaël ya iso bisa babur ya ce mini mahaifinsa, Baba Irmiya, ya cika. Na ajiye ƙwaryar iri, na zauna a ƙasa. Daga Allah muke, gare shi za mu koma.

Baba Irmiya, yawancin mutanen Dogon Dutsi sun san ka ne da tsohon nan mai kaurin tabarau da ke zama ƙofar gida kusa da majami'a. Kaɗan ne suka san cewa kana saurayi wani fada, limamin coci ɗan Italiya, ya tafi da kai Roma, ka fara da shara a ɗakin haɗa fim, har ka zauna bisa teburin haɗawa da kanka. Montaj ne aikinka: a jibge maka abin da aka ɗauko, ka yanka, ka liƙa, har labari ya miƙe. Ka haɗa finafinan kaboyi, da na 'yan sanda da ɓarayi, da na ban dariya, waɗanda talakawan can ke cika sinima dominsu. Sunanka kuwa sai a ƙarshe yake fitowa, bayan 'yan kallo sun miƙe. Duhun ɗakin nan shi ya ci maka ido, shi ya maido ka gida.

Ni mai ɗaukar bidiyon biki ne. Ranar da ka fara ganin aikina ka yi dariya har da tari, ka ce, "Khalid, wanga ai ba fim ba ne, rakiyar amarya ce." Tun daga ranar ka zaunar da ni kusa da kai, ba ka taɓa gajiya da tambayata ba.

Ba zan manta da Mubarika ba, wata amarya ta garin Tibiri da mahaifiyarta ta rasu jim kaɗan bayan biki. Ta zo tana kuka, ta ce ko hoton tsohuwar ba ta da shi, don marigayiyar ba ta yarda da kyamara. Na ce babu ita a cikin bidiyon bikin da na haɗa mata. Kai ka ce mu duba abin da na zubar. Ka manna fuskarka jikin allo, idonka na ruwa, muka bi shi kaɗan-kaɗan har muka tsince ta a gefe tana tuƙa tuwo, tana yi wa wata dariya. Ka ciro wurin, ka fito da muryarta daga cikin hayaniya. Mubarika ta kalla, ta shafa allon da hannu, ta ce, "Inna ce."

Abin da ke ci mini rai shi ne ɗiyarka Grâce, wadda ka baro a Italiya. Bana ta yi alkawarin zuwa da jikarka da ba ka taɓa ɗauka ba. Ka sa aka yi wa ɗakinsu sabon shafe, kullum kana tambaya ko ya bushe. Sun iso an riga an rufe ka. Na ga yarinyar tsaye bakin ɗakin, ba ta jin Hausa, mata na ta nuna mata kujerarka.

Allah ya jiƙanka, Baba, ya yafe maka kurakuranka, ya sa ka huta. Inna Claire uwargidan Baba, Judicaël, Grâce da dukan dangi, Allah ya ba ku haƙuri da dangana, ya raya yarinyar nan, ya ba mu bakin da za mu gaya mata wane ne kakanta.