Hannuna kaɗai aka nuna

Riƙon yayana ya ba ni wuya, ba zan ɓoye ba. Tun da kansa ya taɓu ni ke masa wanka, ni ke ba shi abinci. Matata ta gaji ta koma wajen danginta a Kamlin. Duk ranar da aka sako ruwa a tur'a, magudanar ruwan noma, don shayar da hawasha, wato gonakinmu, sai ya miƙe ya nufi can, ga shi bai iya iyo ba. Shi ya sa nake sa masa mari a ƙafa da kwaɗo a gindin dalbejiya.

Wata shekara masu yin fim suka zo daga Wad Madani. Shugabarsu wata yarinya ce mai tabarau.

Ta ce, "Ya ammi," wato baffa, "kwance mana shi kaɗan."

Na ce, "'Yata, in ya ga ruwa ba ya tsayawa."

"Ai shi muke so."

Na kwance shi. Ya bi bakin tur'a hannuwa a buɗe, ya shiga ruwa har wuya. Na faɗa da rigata na jawo shi, ya cije ni a kafaɗa. Tabon na nan.

Bayan watanni ta dawo da la'asar, ta kunna mana a kwamfuta. Ba waƙa, ba faɗa, maganar ma ba yawa. Wai a ƙasar waje masu kallo sun yi kuka, sun ce shi kaɗai ne mai 'yanci a ƙauyenmu. Ruwa na kai masa wuya fim ya ƙare. Ni kuwa hannuna kaɗai aka nuna, ina danna kwaɗo.

"Ina wurin da na ciro shi?"

"Ya ammi, in mun sa wannan labarin ya lalace."

Raina ya ɓaci. Amma kullum daga baya nake binsa da gudu, ban taɓa ganin fuskarsa in ya doshi ruwa ba sai ranar. Dariya yake, irin wadda yake yi muna samari wajen tsinkar auduga.

Yaya ya leƙo. "Wane ne wannan?"

"Kai ne, Yaya."

"Kai, ya ji daɗinsa."

Washegari ranar ruwanmu ce. Na buɗe kwaɗon, na ɗauko igiyar jaki na ɗaura masa a ƙugu, ɗaya bakin na ɗaura a nawa. Na saɓa shebur muka tafi hawasha, shi a gaba.