Bikaji Ingawale, Dodon da Aka Narkar da Fuskarsa

An haifi Bikaji Ingawale a shekarar 1891 a unguwar maƙera ta birnin Kolhapur, ɗa na uku ga Dondiba maƙeri da matarsa Manjula.

Karatu da aure

An sa shi makaranta a 1898, amma a aji uku mahaifinsa ya cire shi ya zaunar da shi bakin zugazugi, daga baya ya shiga gidan kokawa, inda ƙirarsa ta cika har ya yi suna a gundumar. A 1914 ya auri Tanubai, 'yar wani mai sayar da gawayi.

Aiki

A 1921 Set Lalubai Kotari, mai wani kamfanin majigi, ya gan shi a filin kokawa, ya ɗauke shi aiki. A zamanin nan fim ba ya magana, jiki da ido ke yin bayani, Bikaji kuwa da ɗaga gira ɗaya yake sa mata su rufe wa yara ido. Ya fito a fim sittin da ɗaya, a sittin daga ciki dodo ne. Kullum a shafe shi da kunkunniya da wani fenti mai darma, a cusa masa haƙoran katako, a tsayar da shi a rana ana haska shi da madubai tun hantsi har la'asar. Ba a taɓa rubuta sunansa ba, "Dodo" kawai ake sawa, kuma haka Set ya kira shi shekara goma ba kunya.

Sau ɗaya tak, a 1924, da wani ɗan wasa ya kwanta rashin lafiya, aka ba shi matsayin maƙerin sarki. Ya fito da fuskar da aka haife shi da ita, riƙe da gudumar mahaifinsa, aka kuma rubuta sunansa cikakke. Bayan haka fentin ya ci fatarsa, kumatunsa suka yi tabo, leɓensa ya karkace, har ya zama babu inda asalin kamanninsa ya rage a duniya sai cikin faifan nan guda.

Sallama

Da fim mai magana ya zo a 1931 aka sallame shi, wai muryarsa siririya ce, ba ta dace da dodo ba. Ya koma maƙera ba tare da ya roƙi kowa ba. Buri ɗaya ya rage masa, 'ya'yansa da suka taso ba su san shi ba sai da tabo su ga faifan 1924 ko sau ɗaya.

A watan Maris na 1937 labari ya zo masa cewa Set ya sayar da tsofaffin faifai ga masu dafa su su tace azurfar da ke jiki, sauran robar kuma a yi awarwaro. Ya tafi kamfanin hannunsa duk tokar maƙera, ya tarar da Set a baranda yana tauna ganyen da Indiyawa ke ci kamar goro.

"Ranka ya daɗe, na maƙerin nan kawai nake so, guda ɗaya."

"Kai Dodo, kana nan da rai? Wa zai kalli bebayen fina-finai yanzu? Ai tun Talata aka auna su a sikeli aka kwashe."

"Fuskata ce fa a ciki."

"Fuskarka? To je kasuwa ka saya, ƙila ka same ta a hannun wata amarya."

Waɗanda ke wurin suka yi dariya, marasa mutunci, alhali da yawansu da gumin wannan mutum suka ci abinci. Ya bi sawun faifan har gidan masu narkarwa, bai samu komai ba sai gwangwanin da ake ajiye faifan a ciki, an riga an zuba ƙusoshi a ciki. Ranar ya yi rantsuwa ba zai ƙara tsayawa gaban na'urar hoto ba, kuma ya hana 'ya'yansa mata sa awarwaron roba har abada. Tanubai ta ce masa, "Baban Shankar, ai ni na ga fuskar, zan riƙa ba su labari." Ya ce, "In kin mutu fa?" Ta rasu a 1949.

Rasuwa

Bikaji ya rasu ranar 9 ga Agusta 1958 yana da shekara sittin da bakwai, aka ƙona gawarsa a bakin kogin Panchaganga. Babu ko mutum ɗaya daga masu sana'ar fim da ya taka ƙafa ya zo. Ya bar 'ya'ya huɗu: Shankar, Indumati, Gajanan da Kamal.

Da aka zo rataya sarƙar furanni a hoton mamaci kamar yadda aka saba, aka birkice gidan kaf ba a sami hotonsa ba, sai wata tsohuwar takardar talla ta kamfanin Set mai hotonsa a shigar dodo. Indumati ta share mata ƙura da gefen mayafinta, ta kafa ta a bango da hannunta, tana kuka. Har yau jikokinsa kan tsaya kowace safiya su haɗa tafin hannu gaban dodo mai haƙoran katako, su ce kakansu ne.