Saƙon Inna a Hannun Almakashi

"Rage murya, ga shi nan tafe."

"Ai ba ya riƙe da kyamara."

"Ke dai yi shiru. Wannan ko tari kika yi, sai ya mai da shi amsa."

Haka matan layin suke yi in Almakashi zai wuce. Sana'arsa tace fim, amma ba na wasan kwaikwayo ba, irin wanda ake ɗaukar mutanen gaske suna ba da labarinsu. Da kwafar kaset ya fara a wani shago, ya yi shekaru a gidan talabijin, yanzu yana da ɗakinsa a bayan gida: allo biyu, labule mai kauri, da fankar da ba ya kunnawa don kada ta hana shi jin numfashin mai magana. A kan numfashi yake yanka. In yankan zai fito fili, sai ya rufe shi da hoton hannun mutum ko na taga. Hirar awa uku takan fito daga ɗakin nan minti goma, mai ita ya kalla ya rantse haka ya faɗa.

Shi ya sa ko Inna, mahaifiyarsa, ba ta sakin baki a gabansa.

Ga shi kuma ta buƙace shi. Yayansa ya bar gari tun da suka yi faɗa da Almakashi, ya daina ɗaga wayar kowa. Inna ta ce a ɗauke ta a hoto a tura masa, ko ganin fuskarta zai dawo da shi.

Ya kafa kyamara a falo. Ta sa aka sauko da agogon bango, ta ɗora a cinya, fuskarsa na kallon kyamarar.

"Inna, wannan fa?"

"Shaida. In ka cire min magana, hannunsa zai yi tsalle."

"Wa ya koya miki?"

"Ni na haife ka. Kuma kada ka ɗauki hannuna, na san abin da kake yi da hannun mutane."

Ta fara. Ta bi ta kan ciwon gwiwa, ta bi ta kan rufin da ke yoyo, yana tsaye yana ƙirga wuraren yanka a ransa. Can ta ce, "Ƙanenka ne ya fara zaginka, a gabana. Ban tsawata masa ba."

Ya ɗago kai. Ita ma shi take kallo.

Da ta gama ya zare katin da hoton ke ciki daga kyamarar. "Bari in gyara sautin kawai, Inna. Akwai ƙarar babur."

"Babur ɗin ma na layinmu ne, zai gane shi."

"Ya yi tsawo. Ba zai kalla har ƙarshe ba."

"Kai ne kake so kada ya kai ƙarshen."

Katin na nan a tafin hannunsa. Ta juya wajen kicin ta ɗaga murya.

"Ke 'yar nan, zo ki karɓi abin nan a hannun mijinki. Tura wa yayansa yanzu, a nan gabana."