Mun Je Neman Mazaunin Ta-Makara

Muna idar da sallar asuba muka bar Daura, ni da 'yata mai shekara tara, sai ƙanena da ke jan mu a tsohuwar motarsa, wadda ƙofarta ɗaya ba ta buɗuwa sai an lallaɓa ta. Ba biki ne ya fito da mu ba, ba kuma dubiya ba. Tauraruwa muka tafi nema, kuma kafin ku ce na zautu bari in yi muku bayani.

Marigayiya kakata tana da wata tatsuniya da ban taɓa ji a bakin kowa ba, ta wata tauraruwa mai suna Ta-Makara. A cewarta sama gari ne guda mai unguwanni da rijiyoyi, taurari su ne mutanen garin. Ranar da Magajiyar sama ta raba wa kowace tauraruwa mazauni, Ta-Makara ta tsaya a hanya tana gaisawa da jama'a, ina gajiya, ya yara, ya mai jiki, har aka gama rabo babu ita. Daga nan ta shiga yawon neman wurin zama. To, ina ta samu? Ban sani ba. Duk daren da kaka ta ɗauko labarin, daidai nan barci ke kwashe ni. Na yi ta ba 'yata wannan rabin har ta gaji, ta ce ko in kawo ƙarshen ko in daina. Wadda ta rage a duniya da ta san shi ita ce Inna, ƙanwar kakar, da ke wani ƙauye gaba da Babban Mutum, ga shi an ce tsufa ya fara taɓa tunaninta. Shi ya sa ban ƙara ɗaga tafiyar ba.

Hanyar Zango ta yi mana daɗi. Lokacin kaka ne, an girbe gero, ko'ina ka duba amalanken shanu ne ɗauke da dammuna. A tashar Baure, inda tun zuwan shari'a mata ke da bencinsu daban, muka karya da koko da ƙosai. Ƙosan ya rame ƙwarai, mai suyar ta ce in tuhumi farashin wake, ita ba ruwanta. Muna wuce Babban Mutum kwalta ta sallame mu, yashi ya karɓe mu. Wayata ta aiko mini da barka da zuwa Nijar alhali ban bar jiharmu ba. Can motar ta kafe, wasu manoma suka tura har suka gaji, ƙarshe a kan amalanke muka shiga ƙauyen, 'yata zaune a saman dami tana ɗaga wa kowa hannu.

Inna ta fara kira na da sunan mahaifiyata, sannan ta gane ni, ta rungume ni. Bayan an sha fura na fito da waya don in naɗi muryarta, na ce muna son juyawa da la'asar. A nan na tafka kuskuren 'yan birni.

"Tatsuniya da rana tsaka?" in ji Inna. "So kike ku ɓata a hanya?"

Ƙanena ya ce ai sai a ɗaure Gizo, kamar yadda muke yi muna yara in muna son tatsuniyar rana. Ta harare shi. "Gizo ake ɗaurewa, ɗan nan. Ita Ta-Makara barci take yanzu, ni kuwa ba na zancen baiwar Allah tana barci."

Kwana ya kama mu. Aka yi mana tuwon gero da miyar kuka, man shanu na yawo a kai, na ci har da ƙari. Bayan isha'i aka shimfiɗa tabarma a tsakar gida, Inna ta ce ga ta nan ga ta nanku, muryarta ta dawo tar, sak ta kakata. Wayar kuwa ta riga ta mutu. Na ce ba komai, kunnena ya isa. Na ji rabon mazauni, na ji gaishe-gaishen, na ji Ta-Makara ta kama hanya. Abin da na ji bayan nan shi ne kiran assalatu, ga zane an lulluɓa mini.

Wallahi sai da na ji kamar in yi kuka. Da safe Inna ta koma kira na da sunan mahaifiyata, ba ta ma tuna ta ba da labari ba. Ina sallama da ita jikina a sanyaye, sai 'yata ta ja mini hijabi. "Umma, ni fa na ji duka."

Sai bayan azahar aka samu aka fito da motar daga yashi. Tun daga Babban Mutum nake roƙon 'yata ta faɗa mini. A Baure na saya mata rake, ta karɓa ta shanye, ta ce, "Umma, rana ce fa." Ƙanena ya yi dariya har sai da ya rage gudu.

Mun shigo Daura ana kiran magariba. Bayan isha'i ta zaunar da ni a kan turmi, ta ba ni kofin ruwa in riƙe, wai in na gyangyaɗa zai tashe ni. Sannan ta ƙarasa. Ashe Ta-Makara komawa ta yi wurin Magajiya, aka ce mata babu sauran gurbi ko ɗaya. Ta ce a yawonta ta ga yaran da barci ke ɗaukewa labari bai ƙare ba, a ba ta su. Shi ya sa ba ta da mazauni guda. A kan irin wannan yaron take tsayawa, ta riƙe masa sauran labarinsa har ranar da zai zo karɓa.

"Kuma Inna ta ce in gaya miki," in ji 'yata, "shekara talatin tana tsaye a kanki, ƙafafunta sun gaji."

Na yi dariya har ruwan ya zube mini a zane, hawaye suka biyo baya. Tafiyar nan ta koya mini cewa wurin tsoho ba a zuwa da agogo, kuma ba a cika ciki da tuwon gero in ana jiran labari. Na ɗaga kai na ce wa Ta-Makara na karɓi ajiyata, sannu da tsayuwa, ta je ta huta.