Kati Uku Daga Rugar Bayan Yasore

Tunda kun matsa sai na ba ku labari ɗaya kafin ku sallame ni, to ku gyara zama. A duk shekarun da na yi a ɗakin kati, ranar da ta ƙi fita raina ita ce wata Litinin cikin Nuwambar 1980, ranar da Malam Isiyaku ya maido mini da rahotona daga Safana, an zagaye lamba ɗaya da jan biro.

A lokacin ni ne akawun kati a ƙaramin asibitin Batsari, shekarata biyu da kama aiki, ina ji da kaina kamar ni na gina wurin. Ga yadda aikin yake, don waɗanda suka taso suka tarar da kwamfuta. Mara lafiya zai zo taga, in buɗe masa babban kati: suna, sunan uba, shekaru, gari. In ba shi ɗan ƙarami mai lamba ya riƙe, don in ya dawo a nemo masa na farko. Malamin asibiti ya duba shi, ya rubuta abin da ya gani. Bayan la'asar sai in bi katunan ɗaya bayan ɗaya, in buɗe littafin lambobin cututtuka, in sa wa kowace cuta lambarta. Ƙarshen wata in haɗa lambobin in aika wa Malam Isiyaku, babban jami'in lafiya mai duba ƙananan asibitocin yankinmu.

Zamanin kuɗin mai ne, komai sabo ake kawo mana, har da littafin lambobin. Da, duk abin da ya shafi ido gida ɗaya nake zuba shi in huta. Sabon littafin kuwa ko harara-garke sai da ya raba ta: idon da ya karkata ciki wajen hanci lambarsa 378.0, wanda ya karkata waje wajen kunne 378.1. Na yi ta mita, ina cewa wa ke da lokacin raba harara gida biyu ranar kasuwa. Amma ina bi, don Malam Isiyaku ba ya wasa.

Da kansa ya zo a kan babur. Muka gaisa, ya tambayi iyali da mutanen gida, sannan ya ajiye rahoton a teburina.

Ya ce, "Malam Sani, idon da ke fita waje ba kullum ake ganinsa ba. Duk asibitocin da nake dubawa babu wanda ya aiko mini da wannan lamba bana sai kai. Kai kuma har sau uku: Yuni, Agusta, Oktoba. Ko dai jefa lamba kake yi yadda ka ga dama, ko kuma akwai abin da ba mu gani ba."

Raina ya ɓaci, ba zan ɓoye muku ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, ni ba na jefa lamba." Na tashi fuu na zaro katunan uku na zube masa, don in wanke kaina.

Na farko sunan yarinyar Inna, uba Buba. Na biyu Boɗɗo, uba Arɗo. Na uku Sa'adatu, uba Jaɓɓi. Dukkansu 'yan shekara uku, dukkansu daga rugar bayan Yasore. Ma'aikata uku daban suka duba su, don malaminmu ya tafi hutu a tsakani, kuma kowa ya ba da man shafawa a ido ya ce a dawo.

Malam Isiyaku ya jera su bisa wata, ya sa tafin hannunsa ya rufe sunayen. Ya ce, "Karanta mini abin da aka rubuta kawai."

Na karanta. Yuni: idon dama yana karkata waje lokaci-lokaci, bana ya fara. Agusta: idon dama ya karkata waje, ba ya dawowa. Oktoba: idon dama ya karkata waje, akwai fari-fari a tsakiyar ƙwayar.

Ya ce, "Su wa suka kawo su?"

Na yi ta lalube har na tuno. Na farko wani dogon Bafulatani ne da ya tsaya nesa da taga, yana magana yana kallon sandarsa. Ta biyu wata matashiya ce, ta ja mayafi har goshi. Ta uku tsohuwa ce mai surutu.

Ya dube ni. "Malam Sani, kai ba ɗan fari ba ne?"

Na ce, "Ni ne."

"Gyatumarka ta taɓa kiran sunanka?"

Mahaifiyata har ta koma ga Allah "wannan yaron" take ce mini. Abin da na tashi a cikinsa ke nan, amma da na zauna bayan taga da biro sai na manta da shi. Yarinya ɗaya ce, 'yar fari. Uban ba zai iya faɗin sunanta ba, ya ba ni na alkunya. Uwar ba ta faɗin sunan 'yar, ba ta faɗin na mijin, sai ta ba ni laƙabi, ta ce gidan Arɗo. Kakar ta wajen uwa ta faɗi sunan yanka, amma da aka zo kan suruki sai ta kauce ta ba ni sunan nata mijin. Babu wanda ya yi mini ƙarya. Ni ne duk zuwa nake tambayar ƙaramin kati, a ce ya ɓata ko ruwa ya jiƙa shi, in ja tsaki in buɗe sabo. Saboda haka duk wanda ya duba ta ya ɗauka ranar ta fara zuwa.

Malam Isiyaku bai yi mini faɗa ba, kuma da ya yi da ya fi mini sauƙi. Cewa ya yi ƙaramin yaron da idonsa ya karkace daga baya, sannan fari ya fito a ƙwayar, ana tsoron tsiro ne a cikin idon, irin wanda in an bar shi ba ido kaɗai yake ɗauka ba, har rai. Ya ce, "An gama girbi, shanu sun cinye kara. Mutanen nan kudu za su yi, in ma ba su riga sun tashi ba. Rufe tagar nan ka hau bayana."

Mun isa rugar wajen azahar, muka tarar an kware rabin bukkokin, ana ɗaura wa jakuna kaya. Jibi za su tashi. Aka shimfiɗa mana tabarma gaban Arɗo, aka shiga gaisuwa: ya gida, ya shanu, ya ƙarshen damina, ya hanya. Ni duk na ƙosa a shiga magana, Malam Isiyaku kuwa bai tsallake ko ɗaya ba. Sai da aka kawo nono muka kurɓa, sannan ya faɗi abin da ya kawo mu.

Tsohuwar nan, Goggo suke ce mata, ta fito da yarinyar a hannu. 'Yar siririya ce da kitso biyu, tana riƙe da ɗan ludayi. Idon hagu yana kallonmu, na dama yana kallon gefe. Da ta juya cikin inuwa sai na ga ƙwayar ta yi wal kamar ta kyanwa.

Aka kira Buba. Ya durƙusa can gefe, ya ba 'yarsa baya. Ya saurara har aka gama, sannan ya ce, "Malam, sau uku ana kai ita wannan wurinku, sau uku kuna ba da man shafawa. Mu a wurinmu harara-garke ba ciwo ba ce, farin nan kuma hakiya ce. Yanzu kuma ku ce Kano? Shanu ba su jira."

Gaskiya ya faɗa. Malam Isiyaku ya juyo ya kalle ni. Na fito da katunan na jera a kan tabarma.

Na ce, "Malam Buba, ba ku kuka yi sakaci ba, ni ne. Ka ga takarda uku? Da takarda ɗaya ce, da tun zuwa na biyu an ga ciwon gaba yake yi. Ni na raba ta uku, kowa ya ga guntu. Ka yafe mini, amma don girman Allah kada ka tafi da ita daji."

Ya daɗe yana kallon katunan. Bai iya boko ba, amma ya iya ƙirga. Goggo ta yi masa wata magana da Fillanci, gajeriya, ban ji me ta ce ba. Arɗo ya yi gyaran murya ya ce ƙannen Buba za su kora shanun, shi Buba ya tsaya.

Washegari Malam Isiyaku ya rubuta takardar turawa, ya ce in raka su, tunda ni na san tarihin katunan. Muka je babban asibiti a Katsina, likita ya leƙa idon da fitila, bai ɓata lokaci ba ya tura mu asibitin ido a Kano. Ni da Buba da Goggo da yarinyar muka shiga mota. Tun daga Batsari har Kano ban ga Buba ya ɗauke ta ko sau ɗaya ba. Amma duk tashar da aka tsaya sai ya sauka ya sayo wani abu, ya miƙa wa Goggo ba tare da ya ce na wa ne ba.

A Kano muka tarar da taga irin tawa, da akawu irina, yana rubutu bai ɗaga kai ba. Ya ce, "Suna?"

Na yi sauri na matsa don in amsa, in ɗauke wa Buba nauyin. Sai na ji Buba ya riƙe mini hannun riga. Ya matso bakin tagar, kansa a ƙasa, surukarsa tana tsaye a bayansa.

Ya ce, "Sa'adatu." Ya sake faɗa. "Sa'adatu Buba. 'Yata ce. Rubuta daidai, malam, kada a sake ɓatar da ita."

Goggo ta ja mayafi ta rufe fuska. Ni kuwa na koma bayan layi, don hawaye ne suka zubo mini, kuma ban ji kunyarsu ba.

Tsiron ne. Bayan kwana uku aka cire idon. Likitan ya ce bai fita daga cikin ƙwayar ba tukuna, amma da sun tafi kudu sun dawo da damina, da wuya a ce da ita aka dawo. Na tambaye shi, da an kawo ta tun watan Yuni fa, da an ceci idon? Ya ce ba zai iya cewa e ba, ba zai iya cewa a'a ba. Wannan amsa ita nake ɗauke da ita har yau da furfurata.

Da na koma Batsari na haɗe katunan uku da zare, na rubuta sunayen duka a saman na farko. Daga ranar, kafin in tambayi suna sai na tambayi wanda ya kawo yaro me yake da shi. In ɗan fari ne, in ce a kira mini wani daga cikin 'yan rakiya. In an ce kati ya ɓata, in tashi in bincika ta gari da shekaru kafin in taɓa sabo. Waɗanda suka yi aiki a ƙarƙashina sun sha faɗa a kan wannan, wasunku ina ganin ku kuna murmushi.

Abin da nake so ku riƙe ke nan. Lambar da na raina, mai raba ciki da waje, ita ta tona maganar. Da na zuba ta cikin sauran ciwon ido da babu wanda zai waiwaya. Amma lamba ba ta san kunya ba, ba ta san suruki ba, ba ta san 'yar fari ba. Wannan aikin wanda ke zaune bayan taga ne, kuma ba a littafi zai same shi ba, a gidansu ya baro shi.

Sa'adatu ta rayu, ta girma da ido ɗaya. Shekaru da yawa ina haɗuwa da Buba a kasuwar Batsari in sun dawo da damina. Mu gaisa, in tambayi shanu, in tambayi Goggo, can a ƙarshe in ce ya mutuniyar tawa. Sai ya kalli sandarsa ya ce, "Tana nan." Ban sake jin sunan a bakinsa ba. Sau ɗaya ya faɗe shi, a gaban akawu, kuma ni na ja masa.