Malam Idi da Mai Malafar Kyandirori

Ina cikin fentin allon wani shago a hanyar Kasuwar Shanu aka kira ni aka ce Malam Idi Gadaka, malaminmu na zane, ya rasu bayan gajeriyar jinya. Na ajiye buroshi, na zauna a ƙasa.

Ya koyar da mu a shekarun da ƙarar bam ta hana Potiskum sakat. Da aka sake buɗe makaranta, kowa a ajinmu bindiga yake zanawa. Ni ko layi ɗaya na kasa ja. Yayana Sani ya fita kasuwa bai dawo ba, kuma an daina kiran sunansa a gidanmu saboda Inna.

Wata rana Malam ya zo da kwamfutarsa, ya kunna mana wani katun. Sai ga doguwar mace cikin jar riga har ƙasa. Fuskarta ƙoƙon kai ne fari fat, amma an yi masa ado kamar zanen lalle. Malafarta ta kai faɗin tabarma, kyandirori suna ci a kanta, furanni ruwan lemo suna zuba duk inda ta taka. Aji ya yi tsit. Ban taɓa ganin kyau da ban tsoro a fuska ɗaya haka ba.

"Haka wasu mutanen Meziko suke zana mutuwa," in ji Malam.

Hauwa, 'yar ajinmu, ta ce, "Malam, wannan ba shirka ba ce?"

"In kin bauta mata, shirka ce. Allah kaɗai ke rayawa, Shi ke kashewa. Ni aikin mai zanen nake so ku duba. Fuskar ta sukari ce, don kada ɗaci ya cinye komai. Furannin, a wurinsu, ƙamshinsu ke nuna wa mamaci hanyar gida. Kowane kyandir kuwa mutum ne da ba a manta da shi ba."

Da aka tashi, ya tsaya a kan farar takardata.

"Musa, wane launi yayanka yake so?"

"Shuɗi, Malam."

"To, fara da shi."

Na zana hularsa, na kai gida. Inna ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Hular Sani ce." Ranar muka yi kukan da muka daɗe muna haɗiyewa.

Malam yakan ce, "Kada ka tsaya kan abin da ya tsorata ka. Zana abin da aka ɗauke maka."

Allah Ya jiƙan Malam Idi, Ya yafe masa, Ya haskaka makwancinsa. Allah Ya ba Malama Asabe haƙurin rashin miji, Ya raya 'ya'yansa, musamman ƙaramarsu da har yanzu take tambayar yaushe Baba zai dawo. Amin.